Ƙarfe Biyu Da Ƙwallo Ɗaya: Wai Me 'Yan Matanmu Suka Yi Mana Ne?

'Yan uwana mazauna Yerwa da na sauran garuruwan da neman abinci ya kai iyayenmu har suka haife mu a can. Kwana biyu kun ji ni shiru a wannan shafi, ku yi haƙuri, hidimomi ne da matsalar wuta. Yau dai na dawo, kuma ina roƙon gafara tun da wuri, domin maganar da na zo da ita za ta sosa wa wasu rai, har da mutanen da nake cin tuwo da su a faifai ɗaya. Amma gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba, kuma kafin in taɓa kowa da kaina zan fara.

Ranar Lahadin da ta wuce aka kira taron iyaye a Islamiyyar da 'ya'yana ke zuwa nan Umarari. Ba zan kama sunan makarantar ba, ba zan kama sunan kowa ba, wanda ya ji a jikinsa shi ya sani. Bayan an gama maganar kuɗin wata da ta rufin aji da ke yoyo, sai aka karanta takardar wata malama. Abin da take nema bai taka kara ya karya ba: a ba ta izini ta kafa ƙarfe biyu a filin bayan makaranta, wanda yake zagaye da katanga, domin 'yan mata su riƙa wasan netbol ranakun Alhamis da Juma'a da ba a karatu, daga bayan la'asar zuwa kafin magariba, mata zalla, ƙofa a rufe. Ƙwallon ma ta ce ita za ta saya da kuɗinta.

Wallahi ko minti 5 ba a yi ba aka binne maganar. Wani Alhaji ya ce, “Malam, mu fa karatu muka kawo 'ya'yanmu, ba tsalle-tsalle ba.” Wani ya ce, “To wa zai auri 'yar ƙwallo?” Wani dattijo kuma, wanda nake girmamawa ƙwarai, ya gyara zama ya ce, “Ku tuna fa mu baƙi ne a garin nan, me masu gari za su ce da mu?” Aka yi dariya, aka shafa fatiha, aka watse. Ni kuwa ina zaune a kan tabarma ta biyu, ban ce uffan ba.

Da na shiga gida 'yata ta biyu, mai shekara 13, ta tarye ni tun daga zaure. Ta ce, “Baba, an yarda?” Na ce ba a yarda ba. Ta yi shiru kaɗan, sannan ta ce, “To kai me ka ce musu, Baba?” Jama'a, na sha amsa tambayoyi a rayuwata, na 'yan sanda a shingen hanya da na masu bin bashi a kasuwa, amma wannan ta gagare ni. Abin da ya kamata in faɗa a taron nan ban faɗa ba, shi zan faɗa yanzu.

MENE NE MA NETBOL ƊIN?

Na tabbata rabin waɗanda suka yi dariya ran nan ba su taɓa ganin wasan ba. Ko suna ba mu raɗa masa da Hausa ba, ƙwallon raga na wasu ne, ƙwallon kwando na wasu ne, shi ya sa nake kiransa da sunan da ya zo da shi. Asalinsa daga ƙwallon kwando ne, wanda James Naismith ya ƙirƙiro a Amurka a 1891. Da wasan ya shiga Ingila, malaman makarantun mata suka sake masa fasali domin ya dace da 'yan mata masu dogayen riguna na wancan zamani, aka buga ƙa'idojinsa a 1901. Mai karatu ya lura da wannan: tun fil azal mata aka yi wa wasan, kuma matan da suka fara yin sa a rufe suke ruf har idon sawu.

Mutum 7 ne a kowane ɓangare. Filin tsawonsa mita 30.5, faɗinsa mita 15.25, an raba shi gida uku, kowace 'yar wasa da iyakar inda za ta taka. A kowane ƙarshe akwai ƙarfe mai tsawon mita 3.05 da zobe a samansa, babu allo a bayansa irin na ƙwallon kwando. Ba a gudu da ƙwallo a hannu, ba a riƙe ta fiye da daƙiƙa 3, ba a ture abokiyar karawa, kuma mai tsaro dole ta ja baya kamar taku guda daga mai riƙe da ƙwallo. Wato wasa ne na miƙa wa 'yar uwa, mai son kai ba ta cin riba a cikinsa.

Abin da ya sa 'yata ta kamu da son wasan shi ne wata gasa da ta nuna mini a waya, ana ce mata Fast5. Gasa ce ta ƙasashe shida da suka fi ƙwarewa, an riƙa yin ta cikin kwana biyu ko uku a gama. An fara ta a birnin Manchester na Ingila a 2009, sannan a 2012 da aka kai ta Auckland ta ƙasar Niyu Zilan aka rage 'yan wasa daga 7 zuwa 5, sunan Fast5 ya samo asali. Maimakon zango huɗu na minti 15 kowanne, sai aka mai da shi minti 6, wato cikin minti 24 na wasa an tashi. Jefawa daga kusa maki 1 ne, daga ɗan nesa maki 2, daga wajen da'ira maki 3, kuma akwai wani ɗan lokaci da ake ninka maki, ta yadda wanda aka bari a baya zai iya farfaɗowa cikin ƙiftawar ido. Niyu Zilan ta ɗauki kofin sau 7 tsakanin 2009 da 2018, Ingila ta ɗauka a 2011 da 2017, Ostireliya kuma ta jera uku a birnin Christchurch, a 2022 da 2023 da 2024.

To duk wannan labarin Turawa ne, in ji wani. Dakata tukuna.

INA MALAWI, INA MU?

A gasar 2016 da aka yi a Melbourne, 'yan matan Malawi ne suka zo na uku, Ingila da ta ƙirƙiro wasan tana bayansu. Malawi fa! Ƙasa ce da ba ta da ɗigon man fetur, ba ta da gaɓar teku, tana cikin mafiya talauci a duniya, jama'arta duka-duka ba su kai kashi ɗaya cikin takwas na mutanen Nijeriya ba. A 2022 Afirka ta Kudu ta kai wasan ƙarshe, Yuganda ma ta samu shiga gasar. A 2023 aka yi gasar cin kofin duniya ta netbol a birnin Cape Town, karo na farko a nahiyar Afirka, Yuganda ta zo ta biyar, Afirka ta Kudu ta shida, Malawi ta bakwai, Zimbabuwe ma ta halarta. Uwa ma ba da mama, Nijeriya mai mutum sama da miliyan 200, ko a bencin 'yan kallo ba a ga tutarta ba, kuma tun da aka fara Fast5 ba ta taɓa leƙa ta ba.

Akwai wata 'yar Malawi mai suna Mwai Kumwenda, 'yar ƙauye daga yankin Mzimba. Da ƙwallon leda da suke naɗawa da hannunsu ta koyi wasa, ƙafa ba takalmi. A gasar duniya ta 2015 a Sydney ita aka zaɓa gwarzuwar gasar baki ɗaya, daga baya ta yi shekaru tana buga wa ƙungiyar Melbourne Vixens a Ostireliya. Akwai kuma Mary Cholhok, doguwa mai tsawon sama da mita 2, wadda aka haifa a Sudan ta Kudu, yaƙi ya kori danginta zuwa Yuganda, ta tashi a matsayin 'yar gudun hijira, ta zo ta sa rigar Yuganda, ta buga wa Loughborough Lightning a Ingila. Da na ji labarinta sai na tuna da dubban 'yan matan da suka girma a sansanin Bakassi da na Dalori a garin nan, 'yan Gwoza da Bama da Monguno da Marte. Mary nawa ce a cikinsu? Ba wanda zai taɓa sani, domin ba wanda ya taɓa miƙa musu ƙwallo.

Saboda haka mai cewa talauci ne ya hana mu, ya je ya faɗa wa mutanen Mzimba. Mai cewa yaƙi ne, ya je ya faɗa wa Mary.

MAGANAR SUTURA DA ADDINI

Bari in ba masu suka gaskiyarsu, domin ban zo don in yi musu ƙarya ba. Kayan da ake sawa a gasar Fast5 gajeru ne, ana kiɗa, ana rawa, an shirya abin ne domin talabijin da masu talla. Ni ma ba zan so in ga 'yata cikin irin wannan shiga a gaban maza ba, kuma malamar nan ba ta nemi haka ba. Amma riga daban, wasa daban. Ƙasar Maleshiya da Burunai ƙasashen Musulmi ne, netbol na cikin manyan wasannin 'yan matan makarantunsu, kuma akwai 'yan wasan ƙasa da ke shiga fili da ɗankwalinsu a ɗaure da dogon wando. Maleshiya ta ɗauki kofin nahiyar Asiya a 2016. Hukumar ƙwallon ƙafa ta duniya ta halatta rufe kai a 2014, ta ƙwallon kwando ta bi sahu a 2017. Duniya ta daɗe da warware wannan matsala, mu ne muke riƙe da ita kamar gadon gida.

Ni ba malami ba ne, ɗan kasuwa ne da ya ɗan zauna gaban malamai. Amma tun muna yara aka karantar da mu cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tseren gudu da Nana A'isha har sau biyu, ta tsere masa a karon farko, ya tsere mata a na biyu. An kuma karantar da mu cewa mumini mai ƙarfi ya fi soyuwa a wurin Allah a kan mai rauni, kuma ban ji malamin da ya ce muminan nan maza ne kawai ba. Idan akwai nassin da ya haramta wa yarinya 'yar shekara 12 ta jefa wa 'yar uwarta ƙwallo a bayan katanga, cikin suturarta, a gaban malama mace, ina roƙon malamanmu su kawo shi, wallahi zan janye maganata a wannan shafi da hannuna. Idan kuwa babu, to mu daina jingina wa addini abin da yake son ranmu ne kawai.

Masu cewa al'ada kuma, wace al'adar? Iyayenmu mata da gaɗa suka tashi a dandali, da tafi da tsalle da faɗawa hannun ƙawaye a cafe. Sun yi carafke, sun yi 'yar gala-gala, sun yi daka, sun yi surfe, sun ɗebo ruwa daga rafi. Jikinsu ya motsu, shi ya sa za ka ga tsohuwa mai shekara 80 tana tafiya kamar sanda. Mu ne muka kashe dandali, injin niƙa ya karɓi turmi, muka zaunar da 'ya'yanmu gaban fim da waya, ba mu ba su komai a madadin abin da muka ƙwace ba. Yanzu mace tana shekara 35 tana fama da ciwon gwiwa da hawan jini da ciwon suga, likita ya ce ta riƙa motsa jiki, ta dube shi ta rasa a ina.

Da abin ya dame ni na buga wa yayata waya, wadda mahaifinmu ya mayar gida Katsina ta yi makarantar kwana ta 'yan mata a shekarun 1970. Na tambaye ta ko ta san netbol. Ta yi dariya har da tari, ta ce, “Kai auta, ai ni ce mai jefawa a gidanmu na makaranta, shekara uku ba a karɓe mini wuri ba. Har yanzu hoton na nan cikin akwati.” Wannan baiwar Allah ta yi aure a kan lokaci, ta haifi 8, ta yi aikin koyarwa har ta yi ritaya, ta sauke farali, yau jikokinta sun fi 20. Ga amsar mai tambayar wa zai auri 'yar ƙwallo. Ashe abin da muke kira baƙon abu, iyayenmu da ba su yi boko ba sun bar 'ya'yansu sun yi shi shekara 50 da suka wuce. Su ne suka fi mu wayewa ko mu ne muka fi su tsoron Allah? Kowa ya amsa wa kansa.

LAIFI TUDU NE

Yanzu ga inda maganar take da ɗaci. Ka fita da hantsi ka bi hanyar Baga, ka tsaya a tasha, ka ƙirga 'yan matan da ke yawo da farantin gyaɗa da dafaffen ƙwai da ruwan leda a tsakanin direbobi da 'yan kamasho da masu lodin kifi. 'Ya'yan wa? Da yawansu namu ne. Wasu ba sa komawa gida sai bayan isha'i. Kowa ya san irin maganganun da ake faɗa musu, kowa ya san abin da kan biyo baya, amma ban taɓa jin an kira taron iyaye a kan wannan ba. Yarinya ta yini a tasha cikin ƙarti, wannan neman kayan ɗaki ne. Yarinya ta yi minti 24 tana wasa da 'yan uwanta mata a bayan katanga, wannan lalacewar tarbiyya ce. Haba jama'a! Wa muke yaudara?

Kuma mu mutanen garin nan, mun fi kowa sanin abin da ke faruwa idan aka bar yarinya ba ta da kowa, ba ta da wurin zuwa, ba ta san darajar kanta ba. Ranar 16 ga Maris 2016 mata biyu ɗauke da bam suka kai hari masallaci a Umarari ta wajen Molai lokacin sallar asuba, mutum sama da 20 suka rasu, Allah Ya jiƙansu. A watan Agusta na 2017 hukumar UNICEF ta ce daga farkon shekarar an yi amfani da yara 83 wajen kai irin waɗannan hare-hare a arewa maso gabas, 55 daga cikinsu 'yan mata ne, akasarinsu ba su kai shekara 15 ba. Mun ga zamanin da mutum zai hango yarinya da hijabi ta nufo shi ya canja hanya. Waɗancan azzalumai sun san 'ya mace tana da ƙarfin zuciya da juriya, suka yi amfani da su wajen hallaka ta da mu. Mu iyayenta kuma, da aka ce mu ba ta fili ta yi amfani da wannan ƙarfi wajen abin da zai raya ta, muka yi dariya muka shafa fatiha.

Ban ce ƙwallo maganin ta'addanci ba ne, kada a juya mini magana. Abin da na sani shi ne, yaran da ke shekara 13 zuwa 16 a yau cikin ƙarar bindiga da dokar hana fita aka haife su, sannan a Satumba 2024 madatsar Alau ta ɓalle, ruwa ya shafe Gwange da Kasuwar Monday da rabin gari, suka ga wannan ma da idonsu. Yaro namiji yana da inda zai je ya sauke abin da ke ransa, kowane lungu akwai fili da tsakuwa biyu a matsayin raga, akwai gidan kallon ƙwallo, akwai majalisa. Ita fa? Daga aji sai kicin, daga kicin sai talla, sai ranar da za a kai ta ɗakin miji da duk abin da ta haɗiye.

“MU BAƘI NE”

Wannan ita ce maganar da ta fi tsaya mini a wuya, kuma ita ce ta shafi wannan shafi kai-tsaye. Mahaifina ya zo Yerwa daga ƙasar Katsina a farkon shekarun 1960 yana fataucin fata, daga baya ya koma kifi. A nan aka yanke mini cibiya, a nan na binne shi, a nan na haifi 'ya'yana, Barbarci a bakin 'ya'yana kamar ruwa. Unguwar Hausari ba jiya aka kafa ta ba. Amma har gobe idan aka kawo maganar gina wani abu na jama'a, sai ka ji an ce mu baƙi ne. Kuɗinmu mu kai gida mu gina benen da ba ma kwana a ciki sai ranar biki ko rasuwa, unguwar da muke kwana kullum kuwa ko bishiya ba ma dasawa. Baƙo raɓa ne, in ji Bahaushe, to wace irin raɓa ce ke shekara 60 ba ta bushe ba?

Na lura da wani hali namu na mazauna waje, a nan da Legas da Ibadan da Kumasi duk ɗaya ne. Saboda tsoron kada a ce mun ɓace, sai mu ƙanƙame wata al'ada da ko a gidan an daɗe da sauke ta. Ka je Kano ko Zariya ko Kaduna ka ga 'yan mata da hijabinsu suna wasanni a makarantu, ranar gasar gidaje iyaye na tafa musu. Mu a nan muna gadin wata Katsina da babu ita sai a cikin kanmu, kuma 'ya'yanmu mata ne ke biyan kuɗin gadin.

Batun me masu gari za su ce kuwa, wa ya tambaye su? Maƙwabcina Babarbare ne, shekararmu 20 katanga ɗaya. Da na ba shi labari cewa ya yi, “Alhaji, in kun kafa ku faɗa mini, nawa uku ne.” Mun ɗora wa mutane maganar da ba su faɗa ba domin mu ɓoye tamu rowar. Kuma in da muna da hangen nesa, ina abin da ya kai fili irin wannan haɗa 'yar Bahaushe da 'yar Babarbare da 'yar Shuwa da 'yar Babur da 'yar Margi su zama ƙawaye tun suna ƙanana? Mu da kullum muke kukan takardar shaidar asali tana hana 'ya'yanmu gurbin karatu da aiki, muna kukan ba a ɗauke mu 'yan gari ba, ga ƙofar zama 'yan gari an buɗe mun sa ƙafa mun rufe.

GWAMNATI MA DA NATA

Kada a ce na kyale hukuma. A 2024 El-Kanemi Warriors ta ɗauko kofin ƙalubale na ƙasa a Legas, bayan wanda ta ci a 1991 da 1992, garin nan ya yi murna, ni ma na yi. A 2024 ɗin dai 'yan matan D'Tigress suka zama tawagar Afirka ta farko da ta kai zagayen kusa da na kusa da ƙarshe a ƙwallon kwando na Olamfik a Faris, a 2025 suka ɗauki kofin Afirka karo na biyar a jere. A 2025 Super Falcons suka ɗauki nasu karo na goma a Maroko, shugaban ƙasa ya yi musu alkawarin dala dubu 100 kowacce da gida da lambar girma. A majalisarmu har da masu lissafin kuɗin da naira suna haɗiyar yawu. To ɗauki jerin sunayen 'yan wasan nan ka karanta, ka nemo mini 'yar unguwa irin tamu. Asisat Oshoala Musulma ce, an zaɓe ta gwarzuwar Afirka sau 6, amma a Legas ta tashi. Ba a hana mu ba, mu muka hana kanmu, sannan mu dawo muna cewa an mayar da Arewa saniyar ware.

Hakkin hukumomin ilimi da na wasanni ne su mayar da darasin motsa jiki na gaskiya makarantun 'yan mata, su horar da malamai mata, su daina barin filayen makarantu ana yanka su ana gina shaguna. Amma ba zan zauna jiran gwamnati a kan abin da bai fi ƙarfin mutum biyar ba. In bera da sata, daddawa ma da wari.

ABIN DA NAKE NEMA

Ban ce gobe za mu kai 'yan Umarari Christchurch ba. Wataƙila cikin yara ɗari ko ɗaya ba za ta ci abinci da wasan ba, kuma ba komai. Abin da ya ja hankalina ga salon Fast5 shi ne kamar da mu aka auna shi. Yara 10 sun isa a yi wasa. Minti 24 ya shiga tsakanin la'asar da magariba har da sauran lokacin alwala. Ba a buƙatar ciyawa, ba a buƙatar siminti, ba a buƙatar wuta. Ƙarfe biyu ne da kowane mai walda a bakin titi zai iya haɗawa, zobe mai faɗin santimita 38, toka ko farar ƙasa ta zana layi, sai ƙwallo ɗaya mai girman ta ƙwallon ƙafa. In filin bai kai ƙa'ida ba a rage, ba alƙalin duniya ne zai zo dubawa ba. Kuɗin duka bai kai abin da ɗayanmu ke liƙa wa maroƙi a daren biki ɗaya ba.

Sharuɗɗa kuma a gindaya su, ni ne na farkon sa hannu: malama mace, ƙofa a rufe, dogon wando da riga mai hannu da ɗankwali, a tashi kafin kiran salla, kuma duk wadda ta yi wasa da haddarta ko ta faɗi jarrabawa a dakatar da ita sai ta gyara. Ku gwada na zango ɗaya ku gani in ba a samu masu rige-rigen kawo hadda ba. Iyaye mata su zo su zauna a inuwa su kalla, wadda ta ji ƙarfi ta tashi ta jefa. In an ga ɓarna a rufe, ni zan tuge ƙarfen da hannuna. Amma a hana abu tun ba a gan shi ba, saboda tsoron bakin mutanen da ba su ce komai ba, wannan ba tarbiyya ba ce, lalaci ne muka naɗa wa rawani.

Dattijon da ya ce mu baƙi ne, Baba, ina neman afuwa, na san abin da babba ya hango yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. Amma jikokinka mata 6 ne a makarantar nan, kuma biyu daga cikinsu na cikin waɗanda suka roƙi malamar ta rubuta takardar. Ka kira su ka tambaye su.

Ni dai jiya na je wurin mai walda na ba da kuɗin ƙarfe biyu, ya ce in dawo ranar Laraba. Na kuma rubuta wa shugaban makaranta cewa a sake sa maganar a taro mai zuwa, kuma wannan karon a bar iyaye mata su shigo su faɗi ra'ayinsu, tunda 'ya'yansu ake magana a kai. In an sake ƙi, tsakar gidana ba ta da girma amma za ta ɗauki ƙarfe ɗaya. Duk wanda yake da 'ya a makarantar nan kuma ya karanta wannan, don Allah ya zo taron, kuma kada ya yi irin shirun da na yi. Masu ganin na kauce hanya su rubuto, zan buga martaninsu a nan yadda suka aiko shi, ba zan taɓa ko wasali ba.

Allah Ya shirya mana zuriya, Ya ba mu ikon sauke hakkinsu, Ya zaunar da Borno da Nijeriya lafiya. Amin.

Wassalam.